Gurbin Baba Sadiƙu

Ana cikin rabon wainar sadakar uku wata tsohuwar tasi ta tsaya a ƙofar gidanmu, an ɗaure mata wani akwati mai tsayin mutum a bisa. Tsofaffi uku suka fito, kowa da takalmi sai ƙyalli yake. Na gabansu yana rungume da turmin atamfa.

Gidan haya ne a Zongo, unguwar Hausawa, na Alhaji Isa dillalin shanu. Ni ina ɗakin farko, ina koyarwa a firamare. Ɗakin ƙurya na Baba Sadiƙu ne da jikarsa Najwa, 'yar shekara tara, wadda uwarta ke kasuwanci a Gabon. Ba su rasa ci ba, ba su rasa sutura ba. Abu ɗaya Najwa ta rasa: ba ta taɓa jin kakanta yana aikinsa ba.

Makaɗin jaz ne. Tun yana saurayi ya bar bin shanu ya zauna bayan gangunan Turawa, ya yi kiɗa a otal-otal na bakin teku, ya je Lome da Abijan, har Faransa. Amma bango ɗaya ne tsakanin gidanmu da masallaci, saboda haka bai taɓa shigo da ganga ba. A kan matashin kai yake gwaji. Wuraren da yake wasa kuwa ba na yara ba ne.

"Kaka, yaushe za ka kai ni?"

"In kin girma, Amarya. Kar wani mai busa ya ƙwace mini ke."

Ba ta kai ga girman ba hawan jini ya kwantar da shi, ya tafi da hannunsa na dama. Nakan kai masa kunu bayan na taso daga lakwal, wato makaranta, in tarar yatsun hagu suna ta motsi a gefen katifa. Wata rana ya ce da ni, "Malama Ramlatu, in ta faru ki kira Cossi, abokin kiɗana. Akwai alkawari tsakaninmu. Duk wanda ya riga tafiya, sauran za su raka shi da kiɗa. Ki bar yarinyar nan ta ji."

Ranar Juma'a da hantsi ya cika, kansa a cinyar Najwa. Na kira Cossi, ya yi kuka ya ce suna zuwa. Aka yi wanka, aka sallace shi bayan an sauko, aka kai shi. Ba su zo ba. Najwa ta wuni tana leƙen ƙofa, washegari ma haka.

Ga su sai yau Lahadi. Cossi ya gaisa da maza cikin Hausar da ya koya wurin marigayi, ya shimfiɗa atamfar gaban Alhaji Isa.

"Ga ankon da muka zaɓa. In bai yi muku ba a canja. Wane asibiti aka ajiye shi? Wane wata za a yi jana'iza?"

Na matso na gaya masa da Faransanci, a hankali, cewa mu ba ma ajiye gawa. Tun shekaranjiya yana makwancinsa.

Ya dube ni, ya dubi abokansa. A wurinsu gawa takan yi makonni a ɗakin sanyi ana shiri. Ya zauna a kan benci kamar an tura shi.

"Shekara arba'in mutumin nan yana tsare mana lokaci," in ji shi, "bai taɓa gaggawa ba. Sai yau."

Ya share ido ya ce to, bari su yi masa a nan, ko waƙa ɗaya.

"A nan?" in ji Alhaji Isa. "Ga malamai suna karatu, ga masallaci. Shi kansa mai gangar bai taɓa ba. Ku ci waina, Allah ya ba ku lada."

Ba da faɗa ya faɗa ba, kuma gaskiya ya faɗa. Tsofaffin suka fara naɗe atamfarsu. Sai na ji an riƙe mini gefen mayafi. Najwa ce. Akwatin da ke kan tasi take kallo.

Na ce, "Alhaji, yau babu lakwal. Ajina yana nan babu kowa."

Ya shafa gemu. "Aji naki ne, Malama. Ni shanu na sani." Ya juya ya ce da wani yaro, "Ƙunsa musu wainar, kar su yi busa da yunwa."

Mai gadi ya buɗe mana. Muka ture tebura gefe. Daga dogon akwatin aka fito da wata ƙatuwar garayar Turawa da ake kaɗawa a tsaye, Cossi ya ɗauko begilarsa, na ukun ya rataya abin busarsa, saksofon. Kafin su fara, Cossi ya ɗauki kujerata ya ajiye ta a bayansu, a tsakiya. Na zaci ni ya ajiye wa, har na tashi. Ya girgiza kai.

Suka fara. Ban san jaz ba, amma kiɗan ya yi taushi, kamar hirar tsofaffi bayan la'asar. Najwa tana zaune a bencin gaba, hannu a ƙirji kamar za a yi darasi. Cossi ya yi 'yar busa shi kaɗai, sai duk suka tsaya cak.

Na ɗaga hannu zan tafa, na fasa. Babu wanda ya sauke kayansa. Ƙafafunsu suna ta buga ƙasa tare, kawunansu sun karkata wajen kujerar. Can sai suka faɗo cikin kiɗan lokaci guda, ba wanda ya ba da alama. Mai saksofon ya yi tasa busar, suka sake tsayawa. A wannan karon mai garayar ya tuntsire da dariya, idonsa a rufe.

"Kun ji shi ko? Ɗan banza, kullum a nan yake yi mana wannan!"

Daga baya Cossi ya bayyana mini cewa haka ake yi: mai busa ya ce tasa, a bar wa makaɗi fili daidai tsawon nan ya ba da amsa. Najwa ba ta jira bayani ba. Da suka tsaya karo na uku ta juyo, ta sa yatsa a baki.

"Metires, kar ki motsa," ta ce mini da raɗa, da sunan da 'yan lakwal ke kiran malama. "Kaka ne yake yi."

Ta gane cewa shirun nan nasa ne, kuma mutanen nan uku suna jin kowane bugu. Ta mai da idonta kan kujerar, ƙafarta tana bin tasu a kan siminti.