Watan da Hannatu Ta Buɗe

"Wacce na busa wancan watan?" in ji Kawu Sajo, murya can ƙasa.

Ɗansa Ɗalha, malamin makaranta a Gumel, ya dubi matarsa Sumayya, ita kuma ta dubi kwandon da ke gabanta. Maƙwabciyarsu Hannatu mai daddawa tana jin su daga bayan danga. Wai tankaɗe take yi, alhali ko gari babu a rariyar.

Duk garin Ɗanzomo an san zancen. Kawu Sajo makiyayi ne da ya ajiye sanda ya zauna a gari, ya zo mana da labarin wata ƙasa wai Birnin Amo, can gaba da Damagaram. A can, in ji shi, watanni ba su da suna, murya suke da ita. Sarewa goma sha biyu, kowane wata da tasa: akwai mai kauri kamar kukan bijimi, akwai mai gunjin tattabara, akwai siririya kamar sauro. Ranar da jinjirin wata ya tsaya, sai an busa sarewarsa sannan zai shiga. In ba a busa ba, mutane na nan maƙale a tsohon wata. Marigayiya matarsa ta sha faɗa a gidan suna cewa iyakar tafiyarsa kasuwar Maigatari, a can ma ɓata ya yi. Shi ko a jikinsa. Ya yanki kara ya yi sha biyunsa, ya rataye su a jere, shekara talatin da ɗoriya bai tsallake wata ba.

Duk tsawon shekarun nan Hannatu Sarkin Birnin Babu take kiransa, shi kuma ya ce mata Uwar Wari, saboda tukwanen daddawarta.

To, da ciwo ya kwantar da shi, Sumayya ta zo jinya, ta yi shara irin ta matan birni, ta sauke sarewun nan ta zuba a kwando. Ciwon kuma ya kwashe masa jerin daga kai. Ga shi yau ashirin da tara ga wata, rana ta yi ja. Ɗalha ya jera su daga doguwa zuwa gajera, ya ce ai haka tsari yake. Tsohon ya juya fuska bango. Ya ce ba mutuwar ke damunsa ba, ba ya so ne ta same shi a watan da ya ƙare.

Hannatu ta yar da rariya. Sallamar ma sai da ta kai tsakar gida ta tuna da ita.

"Mai tattabara ka busa, Sarkin Birnin Babu. Shaƙaƙƙiya ce ke binta."

Ɗalha ya tambaye ta cikin ladabi, Inna, ina kika sani. Ta ce a watan shaƙaƙƙiya ta haifi 'yarta Rahamatu, a mai tattabara maigidanta ya rasu, a siririya akuyarta ta yi 'yan uku. Wanda aka hana shi sakat shekara talatin da busa, ai dole ya haddace.

Ba ta taɓa ganin sarewun ba, kunne kawai ya san su. Ɗalha ya gwada busawa, kowacce ta yi masa kamar taya na sacewa. Hannatu ta fizge kwandon. Haƙoranta biyar ne a duniya, amma baki mai hura wuta kullum ba ya rasa iska. Ta ɗaya bijimi. Ta biyu sauro. Ta bakwai, wata mai tsaguwa da aka ɗaure da zare, ta fito da murya irin ta mai mura.

Kawu Sajo ya juyo. "Ashe kina saurare, Uwar Wari."

"Dangar ce ba ta da kauri," in ji ta.

Da aka sallame magariba, Ɗalha ya nuna sama, saitin bishiyar darbejiya: ga jinjirin wata ya tsaya. Hannatu ta gyara mayafi, ta tsaya tsakar gida ta busa shaƙaƙƙiya, busa doguwa, har awaki suka ɗaga kai. Mazan da ke dawowa daga masallaci suka dakata a ƙofar gida. Ba wanda ya yi dariya, har su Sha'aibu mai shayi da ba ya barin abu ya wuce.

Da hantsi washegari Kawu Sajo ya cika, Allah ya karɓi abinsa. A zaman makoki duk matar da ta tambaya, Hannatu ta ce ɗaya ga Shaƙaƙƙiya ya rasu, kuma haka Ɗalha ya rubuta a littafinsa, a ƙasan kwanan watan, da hannunsa.

Sarewun yanzu suna rumfar Hannatu, saman tukwanen daddawa, a jerensu na da. Ta ɗaura ɗan jan ƙyalle a jikin wadda ke jiran wata.