Jan Zare a Banteay Kdei

Narith na riƙe da lema a kan Madam Sivon, yana tafiya da baya da baya kamar yadda ya saba in yana yi wa baƙi bayani, sai dunduniyarsa ta bugi saiwar bishiya. Saura ƙiris ya zube a gaban surukansa. To, ba su kai ga zama surukan ba tukuna, amma maganar ta yi nisa.

"Dubi gabanka, yaro," in ji Kimheng, mijin Madam ɗin, yana fifita da hularsa. "Duwatsun nan ba inda za su. Mu ne dai muke tafiya."

Malis ta sa hannu ta rufe baki tana dariya. Ita ce dalilin tafiyar duka. Bara ta zo nan garin Siem Reap da abokan aikinta na banki, Narith ya yi musu jagora, daga nan waya ta ƙi yankewa. Yanzu ga iyayenta sun taso daga babban birni, Phnom Penh, sun rufe shagonsu na gwal, wai sun zo ganin haikalai. Ko direba ya san ba dutse suka zo gani ba. Sun ɗauki mota guda ta kansu a kamfanin da yake aiki, suka ce shi suke so ya yi musu jagora. Saboda haka yau Narith ma'aikaci ne kuma manemin aure, rigar aikinsa mai ruwan ƙwai ta jiƙe sharkaf tun hantsi.

Abu ɗaya ne ke cinsa, kuma shi ya jawo wa kansa. Ranar da ya fara cin abinci a gidan su Malis, Madam ta tambaye shi mahaifiyarsa. Ya dubi kujerun katako masu sheƙi, ya dubi zoben da ke yatsunta, sai ya ji bakinsa na cewa tana ƙauye can wajen Kralanh, suna da 'yar gona, ciwon gwiwa ya hana ta fita. Malis ma haka ya gaya mata.

Mahaifiyar tasa kuwa, Inna Sarom, gwiwarta garau. Tun da mijinta ya rasu ta aske kanta, ta sa fararen kaya, kullum tana taka keke zuwa haikalin Preah Khan. Can a wani lungu take shimfiɗa tabarma, da turaren tsinke da ƙunshin jan zare. Duk wanda ya durƙusa sai ta tambayi sunansa, ta ɗaura masa zare a wuyan hannu, ta sa masa albarka, shi kuma ya ajiye abin da ya samu a faranti. A ƙauyensu ana gaishe ta da girma. Amma Narith ya san yadda mutanen birni ke kallon irinsu.

Ai kuwa da safen nan ma ya ji da kunnensa. A haikalin Bayon sun wuce wata tsohuwa mai irin wannan zama, Madam ta girgiza kai ta ce, "Ni abin da ke ba ni haushi, ina 'ya'yansu? Duk wadda ka gani a nan, akwai wani ƙato da ya bar ta tana bara da turare."

"Haka ne, Mama," in ji Narith. Shi ya faɗa, da bakinsa.

Tun jiya ya cire Preah Khan daga tsarin yawon. Da Kimheng ya tambaya, ya ce ana gyara a ciki, ƙura ta yi yawa. Vuthy direba, wanda ƙauyensu ɗaya kuma ya san Narith tun yana yawo ba wando, ya dube shi ta madubi. Kallon nan ya fi zagi ciwo.

Da rana ta take suka zauna cin abinci a wata rumfa a bakin tafkin Srah Srang. Aka kawo kifi dafaffe da madarar kwakwa a cikin ganyen ayaba, da miyar tsami, da shinkafa. Kimheng ya ci ya yi gumi, ya saki jiki, har ya fara tsokana.

"Kai da kake ta lissafo sarakuna, wane ya gina wannan, wane ya rushe wancan, ka iya dafa shinkafa kuwa? Don 'yar nan tawa ruwan zafi ma ƙona shi take yi."

"Haba Baba," in ji Malis. "A gabansa?"

"Gara ya sani tun yanzu. Kaya in an saya ba a mayarwa."

Madam ma sai da ta murmusa. Ta ɗebo kifi ta zuba a farantin Narith da hannunta, abin da ba ta taɓa yi ba. Zuciyarsa ta yi sanyi. Ya ce a ransa yau kam ya tsallake, saura haikali ɗaya, ga shi nan tsallaken titi, daga nan sai masauki. Maganar Inna kuma zai san yadda zai yi da ita nan gaba. Kullum haka yake cewa.

Da suka miƙe, Vuthy ya ja shi gefe kamar zai ba shi ruwan sha.

"Kai, ɗan boko. Yau wace rana?"

"Asabar."

"Ban tambaye ka ranar wayarka ba. Ba ka ga masu sayar da furen bado sun cika hanya ba? Ba ka ga tsofaffi da fararen kaya tun safe ba?"

Narith ya tsaya da robar ruwa a hannu. Ya gani mana. Ya gani bai kawo komai ba, don shi ya daɗe da daina duba wata. Yau wata ya cika, ranar ibada ce. Kuma duk ranar ibada Inna ba ta zama a Preah Khan. Banteay Kdei take zuwa, haikalin nan na tsallaken titi, gaban babban mutum-mutumin Buddha na zauren shiga, inda ta yi wa mijinta alkawarin kunna turare.

Ya juya da sauri. Su Madam har sun tsallaka titi, Malis na ɗaga masa hannu daga bakin ƙofa.

"Mama, nan ba wani abin gani sosai," ya ce da ya cim musu, yana haki. "Duk irin na ɗazu ne. Ga rana."

"Yau ranar ibada ce, ashe," in ji Madam, tana zaɓen fure a hannun wata mai talla. "Yanzu matar nan ke gaya mini. Ba zan koma ban kunna turare ba."

Zauren da duhu-duhu, ga sanyin dutse, ga hayaƙi. Buddha na zaune an yafa masa ƙyalle ruwan lemo. A gindinsa, a kan tabarmar da Narith ya saya mata da albashinsa na farko, Inna Sarom ce zaune, ƙanƙanuwa, kanta fari tas, leɓenta ja da ganyen da take taunawa. Ta ɗago ta gan shi. Fuskarta ta washe, ta buɗe baki.

"Sannu, Kaka," in ji Narith da ƙarfi, da muryar da yake gaida kowace tsohuwa a gaban baƙi.

Bakin ya tsaya a buɗe na ɗan lokaci. Ta dubi mutanen da ke tare da shi, ta dubi takalman Madam, ta sake dubansa. Sannan ta haɗa tafin hannuwanta a ƙirji.

"Sannu, Yallaɓai."

Da ƙasa za ta tsage da ya shige. Su uku suka tuɓe takalma suka durƙusa, suka kunna turare. Shi ya tsaya a baya da lema da jakar Madam, kamar yadda jagora ke tsayawa. Tun da ya yi wayo bai taɓa wucewa ta gaban Inna tana zaune ba tare da ya rusuna ba. Yau ga shi tsaye ƙiƙam a kanta, kansa can sama da nata, kuma ba wanda ya ga laifin haka sai shi da ita.

Ta ɗaura wa Kimheng, ta ɗaura wa Madam. Muryarta ba ta rawa, tana jero albarkar da ta saba, tsawon rai, lafiya, kwanciyar hankali, ƙarfin jiki. Sai yarinyar ta matso ta miƙa hannu.

"Sunanki, jikata?"

"Malis, Kaka."

Yatsun suka tsaya. Narith ya taɓa gaya mata sunan, sau ɗaya, suna cin abinci, kuma tun ranar take tambayarsa yaushe zai kawo ta, shi kuma yana cewa sai an kwana biyu. Inna ta riƙe hannun yarinyar da hannu biyu, tana juya shi, tana shafa bayansa da babban yatsa. Ta daɗe tana kallon fuskarta. Albarkar da ta sa mata ta fi ta kowa tsawo, har da gida mai sanyi, da 'ya'ya masu jin magana, da miji wanda ba zai sa ta kuka ba.

Madam Sivon ta share ido da gefen mayafinta. "Kai, tsohuwar nan bakinta da albarka. Kaka, kin san aure za ta yi? Ga angon nan tsaye."

"To, madalla," in ji Inna. Ba ta waiwaya ba.

Madam ta dubi mijinta, ta dubi Narith, wata dabara ta faɗo mata, irin ta masu kuɗi in zuciyarsu ta yi laushi. "Ka ga, Narith, tunda mahaifiyarka ba ta iya tafiya, ranar ɗaurin zaren biki ai dole a sami babba a ɓangarenka. Kaka, ki zo mana. Za mu aiko mota ta ɗauke ki har Phnom Penh, mu yi miki sababbin kaya. Ki zauna a wurin uwar ango ki ɗaura musu."

Narith ya ji kamar an watsa masa ruwan zafi a baya. Malis ta juyo tana murmushi, tana jiran ya ce wani abu.

"Uwar angon tana da rai?" Inna ta tambaya a hankali.

"Tana nan. Ciwon gwiwa ne, a ƙauye."

"Ayya. A gaishe ta." Ta jawo wani zaren daga ƙunshi, ta daidaita shi a cinyarta. "In tana da rai, ba a zama a wurinta, 'yata. Ko da rarrafe ne a bar ta ta zo."

"Gaskiya ne wannan," in ji Kimheng. Ya waiwayo. "Kai kuma ka tsaya kamar soja. Ajiye kayan nan ka zo a ɗaura maka."

Ba yadda zai yi. Ya ajiye lema da jaka, ya tuɓe takalma, ya durƙusa a bakin tabarma. Ya miƙa hannun dama. Ta zagaya zaren a wuyan hannunsa, yatsunta busassu, masu sanyi, ya san kowace kanta da ke jikinsu. Ba ta dube shi ba. Ta yi tambayar da take yi wa kowane baƙo.

"Sunan Yallaɓai?"

Ita ta raɗa masa sunan. Hayaƙin turare na shiga idonsa, wasu Turawa biyu sun tsaya a ƙofa da kyamara suna jiran layi, Madam na gyara zama. Kunya ta taso masa, irin wadda bai taɓa ji ba, ba kunyar faranti ba, ba ta fararen kaya ba, kunyar kansa.

"Inna," ya ce.

Ta ci gaba da ƙulla zaren.

Ya juya a durƙushe ya fuskanci Kimheng da matarsa, amma idonsa na kan dutse. "Baba, Mama, wannan ita ce mahaifiyata. Ba ta Kralanh. Ba mu da gona, kuma lafiyarta ƙalau. Preah Khan ma ba a gyaran komai, can take zama, shi ya sa na hana ku zuwa. Ƙarya na yi muku. Malis, ke ma ƙarya na yi miki."

Kimheng ya sauke hular da yake fifita da ita. Malis ta dubi zaren da ke hannunta, ta dubi tsohuwar, sai hawaye. Madam Sivon kuwa fuskarta ta ɗaure tamau, ba ka iya gane ko fushi ne ko tana tuna abin da ta faɗa da safe.

Inna ta gama ƙulli, ta yanke bakin zaren da ɗan almakashinta, ta hura iska a kai kamar yadda take yi wa kowa. Sannan ta ture farantin gefe. Tsohuwar da yanzun nan duk suka durƙusa mata ta sauko daga kan tabarma, ta juya wajen Madam, ta haɗa hannuwa, ta sunkuya har goshinta ya taɓa dutse.

"Ku yi masa haƙuri," ta ce, muryarta na fitowa daga ƙasa. "Yaron kirki ne, bai saba ƙarya ba. Ni ce ban kyauta ba da na ƙi zama a gida, ya sha hana ni. Kada ku fasa saboda ni. In zuwana zai ɓata muku biki, ba sai na zo ba."

"Inna, tashi," in ji Narith. "Don girman marigayi Baba ki tashi."

Ba ta tashi ba. Ya kama kafaɗarta, ta ƙi motsi. Sai ya sake ta, ya zube kusa da ita, ya kifa fuskarsa a kan dutsen, yana neman ya sa kansa ƙasa da nata. Amma ta riga ta kai ƙasa, ba sauran wuri.