Kunnuwan Yaya Delbert

A garinmu Elk Ford, can cikin gonakin masarar Nebraska, ba a ɗaura aure ranar Asabar da kaka. Ba a wani littafi aka rubuta ba, kowa dai ya san ranar ta ƙwallo ce, ƙwallon nan namu na Amurka mai hular kwano da ture-ture. Ranar da Jajaye, ƙungiyar jami'armu, suke wasa, ko mutuwa za ka yi gara ka daure zuwa Lahadi, in ba haka ba masu ɗaukar akwatin gawarka ma da iyafis a kunne za su zo. Asabar ɗaya tak ƙungiyar take hutu a duk kakar, ita ce kuwa 'yan matan jihar suke rububi tun saura shekara guda.

Joelle, 'yar yayana Delbert, ta kama wannan Asabar ɗin, ta kama coci, ta kama mai abinci. Yarinya ta yi komai bisa ƙa'ida. Sai ga shi a farkon kaka tsawa da ruwan sama sun hana wani wasa, manya suka zauna suka mayar da shi daidai ranar hutun. Wasan kuma da 'yan ƙetaren kogi ne, waɗanda rabonmu da cin su shekara shida. Ranar da labarin ya fito, mutum huɗu ne suka buga wa Joelle waya suna yi mata jaje.

Angon, Corwin, mutumin Oregon ne, yaro mai ladabi amma bai san dawan garin ba. Muna cin abinci ya buɗe baki ya ce, "To me zai hana a naɗi wasan, kowa ya kalla daga baya?"

 Delbert ya ajiye cokali ya dube shi kamar wanda ya zagi iyayensa, ya ce, "Ba ɗaya ba ne, yaro."

Sai kun san Delbert kafin ku gane girman matsalar. Shi ba ya kallon wasa a talabijin, wai idanu suna ɓata masa lissafi. A rediyon tsohuwar a-kori-kurarsa yake saurare, gilasai a rufe, hannu biyu a kan sitiyari kamar shi zai tuƙa ƙungiyar. Ranar da aka haifi Joelle yana cikin motar nan a harabar asibiti, sai da nas ta fito ta ƙwanƙwasa masa gilashi. Ranar da ta yi jawabi a makaranta yana cikinta. Ba wai ba ya son 'yarsa ba ne. Da matarsa Marlys ta rasu yarinyar tana shekara goma sha ɗaya, shi ya rene ta, har kitso ya koya da waɗannan ƙattin yatsun nasa na manomi. Kwana shida na mako uba ne da babu irinsa. Ranar Asabar kuwa marainiya ce.

Saura mako guda biki ta same mu a kicin ɗinsa, ni da shi.

"Baba, ban taɓa roƙonka komai ranar Asabar ba, don na san ba ka da kunne ranar. Wannan karon ina roƙo. Kafin mu yi alkawari ni da Corwin, akwai maganar da zan faɗa maka a gaban jama'a. Minti biyu ce. Ba na son kuɗi, ba na son kyauta. Ka ji ta kawai."

"Haba 'yata, wane irin uba kika ɗauke ni?"

"Irin wanda nas ta ƙwanƙwasa wa gilashi."

Ya sunkuyar da kai, ya yi mata alkawari. Har zuciyarsa ya yi shi, ni shaida ce.

To a nan na shigo, ni Lorraine, ƙanwarsa, kuma ba zan ɓoye laifina ba. Shekara arba'in na ƙarar injin girbi sun cinye wa Delbert kunnuwa, bara aka sa masa 'yan na'urorin ji guda biyu, ƙanana kamar ƙwayar wake. In ya cire su, ko tanki ya wuce ta bayansa ba zai waiga ba. Ni na raka shi wurin likita, ni kuma na ji lokacin da ake cewa ana iya haɗa su da waya, duk abin da wayar ke yi ya shiga kunnensa kai tsaye, ba igiya, ba alama. Shi bai kula ba. Ni kuwa na ajiye maganar a raina.

"Yaya," na ce masa ranar jajiberin biki, muna jera kujeru a zauren liyafa, "wasa ƙarfe sha ɗaya za a fara, ɗaurin aure ƙarfe biyu. Kafin amarya ta gama kwalliya an tashi. Ka saurara har bakin ƙofar coci, sai in kashe. Wa ka cuta?"

"Lorraine, ke shaiɗaniya ce."

"Na ji. In haɗa?"

Ya dubi hagu ya dubi dama. "Haɗa. Amma in ban ji da kyau ba zan taɓa kunnena, sai ki ƙara murya."

Ranar biki Joelle ta caje ubanta da kanta, da farar rigarta da komai. Ta zaro ƙaramar rediyo daga aljihun kwat ɗinsa, ta girgiza kai. Ta karɓe wayarsa, ta miƙo mini.

"Gwaggo, riƙe wannan a jakarki. Ke kaɗai na yarda da ke."

An ba kura ajiyar nama. Na karɓa da hannu biyu, nawa iyafis ɗin yana lulluɓe a ƙarƙashin gashi.

Wasa bai ƙare ƙarfe biyu ba. Rauni, gardama da alƙalai, tallace-tallacen taki da inshora, sai ga shi ƙarfe biyu ta buga saura minti huɗu a agogon wasa. Minti huɗu a ƙwallonmu kuwa ya isa mace ta dafa abinci ta wanke kwanuka. Suna gabanmu da maki huɗu, ƙwallo tana hannunmu. A bakin ƙofar coci na sa hannu a jaka zan kashe, kamar yadda muka yi. Wallahi na sa hannun. Sai mai sharhi ya ce ɗan wasanmu ya tsere da yadi ashirin, hannuna ya fito da hankici.

Ban taɓa ganin cocinmu cike da masu tsoron Allah irin na ranar ba. Kowa ya sunkuyar da kai, kowa ya dafe kunci ɗaya, leɓuna suna motsi. Dangin ango da suka zo daga Oregon sai kallonmu suke cikin sha'awa. Uwar Corwin har ta raɗa wa mijinta cewa mutanen karkara sun fi su riƙon addini.

Akwai abin da duk ɗan garinmu ya sani. Wasan da ke zuwa ta intanet a waya yana makara da kusan daƙiƙa arba'in, rediyo kuwa nan take take kawowa. A duk cocin mutum ɗaya ce mai rediyo ta gaske: Iya Opal Vondra, mai kaɗa mana molon coci, babban nan da ake dannawa da yatsu ana takawa da ƙafa, shekararta tamanin da uku, da 'yar rediyonta mai batir a ƙarƙashin littafin waƙoƙi da siririyar igiya ta bi ta cikin hannun rigarta. Saboda haka kunnuwanmu suna kan waya, idanunmu suna kan kafaɗun Iya Opal. In kafaɗun suka ɗaga, alheri na tafe. In suka faɗi, sai mu fara haƙuri tun kafin masifar ta iso. Fasto Lindqvist bai sa komai a kunne ba, bawan Allah, amma ban taɓa ganin ya yi wa'azi yana fuskantar molo haka ba.

Delbert ya shigo da 'yarsa a hannu, yana tafiya kamar mai taka ƙwai. Matsalar na'urar nan, in tana kawo sautin waya, sai ta danne na waje. Fasto ya tambaya wa ke ba da wannan yarinya aure. Shiru. Ya sake tambaya. Sai da Joelle ta matse masa hannu ya zabura ya ce, "Ni ne!" da ƙarfin da ya tada wani jariri a baya. Ta dube shi ta gefen ido, irin kallon da uwarta take yi masa.

Maimakon ya koma ya zauna, sai ta riƙe shi a gaba, ta juyo ta fuskance shi, ta zaro 'yar takarda daga cikin furanninta. A kunnena mai sharhi yana ihu, saura yadi tara a kai layin ci, saura daƙiƙa ashirin. Na ga fuskar yayana ta sauya. Ya tuna. Ya waigo ya neme ni a layin gaba, ya taɓa kunnensa da sauri, sau biyu, idanunsa kamar za su faɗo.

Ni kuwa, jakar mata, na bi yarjejeniya. Na ƙara murya.

Ya runtse ido. Ya sake taɓa kunnen. Na ƙure ta har ƙarshe, ina ma jin haushinsa a raina, wai wannan kurman me yake so in yi masa kuma.

Sai na ga ya ɗaga hannu biyu, ya zare na'urorin nan ɗaya bayan ɗaya, ya dunƙule su a tafinsa. Saura yadi uku, saura daƙiƙa shida, wasan da ya shekara shida yana jira, mutumin nan ya cire kunnuwansa. Ya tsaya ƙiƙam a gaban 'yarsa, bai ji wasa ba, ita ma ba zai ji ta ba. Ya kafa wa bakinta ido kawai.

Joelle ta buɗe baki ke nan sai ƙafar Iya Opal ta sauka a kan matakin molo. Wata ƙara ta fito, guda ɗaya, mai kauri kamar kukan sa. Tsohuwar ta ƙame, kafaɗunta ba su ɗaga ba, ba su faɗi ba. Mun san an gama, amma ba mu san wa ya ci ba. Daƙiƙa arba'in muka yi a rataye, mutum ɗari da hamsin, ba mai numfashi. A cikin waɗannan daƙiƙun amarya take magana. Na ga bakinta yana motsi, na ga hawaye a fuskarta, na ga dangin ango suna share ido. Ko kalma ɗaya ba ta shiga kaina ba.

Sannan labari ya iso wayoyinmu. Yaronmu ya faɗa ƙetaren layi da ƙwallo a ƙirji. Wani irin gurnani ya bi layukan coci, kowa yana haɗiye ihu. Wani dattijo a baya ya kasa, ya ce "Halleluya!" Fasto ya amsa da "Amin" tun daga cikinsa. Aka ƙarasa ɗaurin aure cikin farin cikin da amarya da ango ba su da kaso mai yawa a ciki.

A bakin ƙofa na kashe wayar, na iske Delbert yana mayar da na'urorinsa.

"Lorraine, me ta ce?"

"Mun ci, Yaya! Ashirin da shida da ashirin da huɗu!"

"Ba shi na tambaye ki ba. Me yarinyar ta ce?"

 Kunya ta kama ni kamar ƙasa ta tsage in shige. Ya juya ya tari Fasto, Fasto ya ce magana ce mai ratsa zuciya ƙwarai, ya yi gaba da sauri. Ya tari maƙwabcinsa, ya tari Iya Opal. Mutanen da suka san yarinyar nan tun tana cikin zani, babu wanda ya iya kawo masa jimla ɗaya. Sai Corwin ya matso, da ladabinsa.

"Baba, kada ka damu. Ƙanwata ta naɗi komai a waya. Sai ka kalla daga baya."

Delbert ya daɗe yana dubansa. Sannan ya ce, "Ba ɗaya ba ne, yaro."

Ashe Joelle tana tsaye a bayansa. Ta ga na'urorin a tafinsa tun a gaban Fasto, ta kuma san jakar wa wayar take. Ni ta fara kallo, kallon da har yau ban manta ba.

"Gwaggo, ke da ni sai an gama biki." Sannan ta kama hannun ubanta. "Saura yadi nawa lokacin da ka cire?"

"Uku."

"Uku," ta maimaita. Ta share hancinta da bayan hannu, kwalliya ta tafi. "Zo mu je."

Ta ja shi har inda ya ajiye a-kori-kurarsa, ta tattare farar rigar nan ta cusa kanta a kujerar gaba, cikin ƙurar masara da tsofaffin safar hannu. Shi ya zauna a wurinsa. Suka rufe gilasai. Masu hoto suna jira, abinci yana hucewa, mu kuma muna tsaye daga nesa kamar kajin da ruwa ya doka. Na ga ta buɗe takardar. Na ga ya saki sitiyari ya juyo gaba ɗaya ya fuskance ta. Ba a kunna rediyo ba. Minti biyun nan sai da suka zama ashirin, kuma da ya fito idanunsa sun yi jawur.

Joelle ta yi wata uku ba ta ɗaga wayata ba, na kuwa cancanta. Shi kuma yayana, har yau in na lallaɓa na tambaye shi abin da ta faɗa masa a cikin motar, sai ya taɓa kunnensa sau biyu ya ce, "Akwai bidiyo, Lorraine. Ki kalla daga baya."