Zauren Baba Bube

Da na shiga da kwanon kunu, har sun gama shafe bangon gabas sun juyo kan na wajen gado. Lebura biyu ne da bokitin farar ƙasa, ga Baba Bube kwance ana shafe ɗaki a kansa kamar buhun geron da aka manta ba a fitar ba. Farar ƙasa tana ɗiga a bargonsa, wani ɗigon ya sauka a gemunsa, hannun da zai share kuwa ya mutu tun kafin azumi. Matarsa Inno ta tsaya da faifai tana tare masa fuska.

"Ku ba ku da iyaye ne?" na ce da su.

Shugabansu Ɗangiwa yana tsaye a bakin ƙofa yana cin goro. Ko kallona bai yi ba.

"Marka, ba ruwanki. An ce mani in shafe ɗakinga, ba a ce mani in duba wa ak kwance ciki ba."

Wallahi da ba don kunun na marar lafiya ba ne, da a fuskarsa zai ƙare.

Shekarar da ta bi bayan samun mulkin kai ce. A gefen Tambuwal, ta hanyar Dogon Daji, hukuma ta gina wa ƙananan ma'aikata gidaje jeri guda, bulo da kwano. Mu muna na kusa da ƙarshe, don maigidana malamin makaranta ne, daga Funtuwa aka kawo mu. Ya taɓa nuna mini littafin da aka kwaso zanen gidajen daga ciki, wai littafin yadda za a sama wa talaka muhalli. Ciki da falo, taga gaba taga baya, ba zaure ba katanga. Na ce masa wanda ya zana wannan bai taɓa auren Bahaushiya ba. Kowa sai da ya nemi zana ya kewaye nasa kafin mace ta iya fitowa tsakar gida da ɗaurin ƙirji.

Gidan ƙarshen shi aka ba Baba Bube, masinjan ofis, mutumin Kebbe. Ya tsufa a kan keke yana kai saƙo ƙauyuka, kuma duk zamansa a Tambuwal a shagon wani yake raɓe. Ranar da aka miƙa masa mabuɗi sai da ya tuɓe takalmi ya durƙusa ya yi godiya irin wadda ake yi wa sarki in ya ba mutum gona. Maigidana ya ja shi gefe ya ce masa, Baba, ka yi hattara, gidan nan na aiki ne ba na mutum ba, ranar da aiki ya ƙare gida ya ƙare. Sai Baba Bube ya yi dariya har da tafa hannu.

"Malam, boko ya ɓata ka. Ina anka taɓa ba mutum wuri, ya kafa murhu, ya raya shi, kuma a ce ba nashi ba ne?"

Haka ya sani, haka ubansa ya sani: wurin da hukuma ta ba ka, in ka raya shi, ya zama naka sai in kai ka tashi. Don haka ya ɗaura aniyar raya shi. Gida kuwa a wurinsa ba ya zama gida sai da zaure. Da rani ya tafi Kebbe, ya hau ɗakin ubansa da ya gada, ya kwashe azarar rufin kaf, aka ɗoro ta a raƙuma har Tambuwal. Ya kwaɓa ƙasa da kansa, ya tayar da zaure a gaban gidan hukuma, ya rufa shi da azarar ubansa. Ba ƙarya, zaure ya yi kyau. Nan yake shimfiɗa buzunsa da yamma, har su maigidana masu yi masa dariya nan suke zuwa shan inuwa, don kwanon nan da rana tanda ne. Ɗakin Kebbe kuwa, da yake ba rufi, damina ta narkar da shi, ƙanensa Na'iya ya baje kangon ya shuka masara.

Ana gab da azumi ya faɗo daga keke a hanyar Sanyinna, masu zuwa kasuwa suka kawo shi a kan jaki, ɓarin jiki guda ya shanye. Ba a jima ba aka sallame shi daga aiki, aka ce gidan an ba sabon akawu, Malam Atiku, wanda aka aiko daga Sakkwato da matarsa Ni'imatu da tsohon ciki.

In za a faɗi gaskiya, da farko Malam Atiku bai matsa ba. Ya kama ɗaki a bayan kasuwa ya ce zai jira. Uwarsa ce ta zo, ta ji labarin mai gidan yana kan gargara, ta dafe ƙirji ta rantse surukarta ba za ta haihu a ɗakin da rai ya fita jiya-jiya ba. Daga ranar lissafi ya canja. Ba gidan kawai suke so ba, so suke Baba Bube ya fita daga cikinsa da ransa.

Sai ga Ɗangiwa kullum da safe a ƙofar gida yana gaisuwar marar lafiya, mutumin da bai taɓa kawo ko ɓarin goro ba. In Inno ta ce da sauƙi, ya yi hamdala ya tafi. In ta ce sai addu'a, ka gan shi ya nufi ofis har yana tuntuɓe. Duk garin nan babu masu roƙa wa tsohon nan tsawon kwana kamar masu son fitar da shi.

Da zaure suka fara. Aka ce ba ya cikin zanen gidajen, a rushe. Lebura suka hau suka yaye rufin, suka zare azara, ruwa ya tare su kafin su taɓa bango, suka bar shi haka baki buɗe. Azarar dai ban ga an kai ta ofis ba, amma na ga Ɗangiwa ya yi wa uwargidansa sabon ɗaki a cikin gari. Baba Bube yana kwance cikin ɗaki yana jin ƙarar, ya tambayi Inno abin da ake yi, ta ce masa yara ne ke wasa.

Shi abu ɗaya yake roƙo, da rabin bakin da ya rage masa. Duk wanda ya shigo dubiya sai ya kama hannunsa ya ce, "Ku bar ni in cika cikin ɗakina. Ba ni daɗewa."

Inno ta aika Kebbe. Na'iya ya aiko cewa shi ba shi da ɗakin da zai sa kowa, wanda ya kwashe rufin ubansa ya kai wa hukuma, hukuma ta rufa masa. Ko da ma ya ce a kawo shi, ruwa ya cinye hanyar Kebbe, mota ba ta shiga. Ta zaga cikin gari. Mutanen gari suka ce ai mutumin hukuma ne, ofis kuma suka ce ai an sallame shi. Ni kuma na tasa maigidana gaba na ce mu ɗauko shi mu sa a falonmu. Ya ce doka ta hana a ajiye wanda ba iyali ba, in aka kai ƙara mu ma a waje za mu kwana, mu da ba mu da ko kango a ƙasar nan. Na ce masa tir, ashe karatun duk na tsoro ne. Ya ɗauki hularsa ya fita. Na ƙi yi masa magana, na kuma ƙi sa gishiri a miyarsa, amma me wannan ya ƙara wa Baba Bube?

Sai farar ƙasa ta biyo baya, wai ko warinta da sanyinta za su sa Inno ta tattara da kanta. Ba ta tattara ba. Da lebura suka tafi muka goge masa gemu, na ɗaga kansa ta ba shi kunu, yawancinsa ya dawo ta gefen baki.

Washegari numfashinsa ya canja. Duk wanda ya taɓa zama kusa da mai mutuwa ya san wannan ƙarar. Inno ta rufe taga, ta ja ƙofa, ta fito ta tari Ɗangiwa tun daga waje da fara'ar da ban san inda ta samo ta ba. Ta ce masa yau kam alhamdulillahi, har tashi ya yi zaune ya sha fura. Tsohuwar da ko a cinikin daddawa ba ta iya ƙarya ba. Ɗangiwa ya karkata kunne. Gidan bulo da kwano ba ya rufa asiri, ko tari ka yi maƙwabci ya ji. Ya juya ba sallama.

Da hantsi sai ga Malam Atiku da kansa, da farar riga da alƙalami a aljihu, Ɗangiwa da lebura a bayansa. Yaro ne, bai fi ɗan cikin Inno ba. Ta zube a gabansa ta kama ƙafar wandonsa.

"Ɗana, don girman Allah ka bari rana ta faɗi. Ba shi kai la'asar. Na rantse maka ba shi kaiwa."

Ya kau da kai ya dubi bango. A hankali ya yi maganar, har da ladabi.

"Shi as sa, Inna."

Na yi zagi ranar, na zagi na zagi har muryata ta dushe, matan jerin suka leƙo ta saman zana suka koma. Mazanmu duk suna wurin aiki. Lebura suka ɗaga gadon da mutum a kai. Da suka zo ƙofa sai gadon ya tsaya. Baba Bube ne ya miƙa hannunsa mai rai ya kama katakon ƙofa. Mutumin da ba ya iya riƙe ludayi, sai ga ƙarti suna ja ya ƙi saki. Ɗaya daga cikin leburan ya ce shi kam ba zai iya ba, ya saki ƙafar gadon ya fita. Ɗangiwa ya tofar da goronsa, ya zo ya ɓamɓare yatsun da ɗai-ɗai.

Suka tsaya a tsakar gida suna tambayar ina za a kai shi. Inno ta ce a sa shi a zaurensa, wannan dai shi ya gina. Malam Atiku ya yi ɗan tunani ya ce ba laifi, zaure ba ya cikin gida. Aka ajiye gadon a tsakanin bangaye huɗu, rana tsaka a kansa. Muna ji aka datse ƙofar ɗaki da kwaɗo.

Ni da Inno muka kama tabarma, ita gefe ni gefe, muka ɗaga masa ita a kai. Hannu ya gaji mu sauke mu sake ɗagawa. A wani saukewar ne ya buɗe ido ya ga sama fetal. Ya daɗe yana kallo.

"Inno, rufin fa?"

"Gyara aka yi, Malam. Gyara aka yi."

Ban sani ba ko ya yarda. Ta sunkuya tana laƙƙana masa kalmar shahada, ni na riƙe tabarmar ni kaɗai. Kafin a kira azahar ya cika, ƙudaje na bin farar ƙasar da ta rage a bargonsa.

A nan zauren aka yi masa wanka, aka kare da zana. Malam Atiku ne ya aiko da likkafani, sabon alawayyo, kuma a sahun gaba ya tsaya wurin salla. Na ji da kunnena ana cewa yaron nan ɗan mutunci ne, samarin yanzu ba kowa zai yi haka ba. Na shiga ɗaki na yi kuka don baƙin ciki, ba ma don mutuwar ba.

Bayan sadakar uku Ni'imatu ta tare. Ba su bi ta zaure ba, sai suka yanka zana ta gefe suka yi sabuwar ƙofa, don Inno tana cikin zauren. Wannan karon maigidana da kansa ya ce in je in ɗauko ta, in ya so a kore mu. Na je na faɗa mata, har na fara naɗe mata tabarma. Ta dafe tabarmar da hannu.

"Takaba ɗakin miji aka yin ta, ɗiyata. Nan yac cika, nan nika zama."

Na yi lallashi, na kawo matar liman ta yi mata bayani, ta ce ta ji, ta gode. Da muka rasa yadda za mu yi, muka ɗora mata zana ɗaya a kusurwa, muka danne da duwatsu.

Da la'asar ɗin ranar hadari ya haɗo daga gabas. Na fito da akushin tuwo zan kai mata, iska ta riga ni, ta ɗauke zanar ta jefa cikin gyaɗar wani. Kafin in kai ƙofar zauren ruwa ya sauko. Tana zaune a kusurwa ta jingina da bango, ta lulluɓe kai da tsohon zane, 'yar wuƙar takabarta a hannu. Ta karɓi akushin ta sa a ƙarƙashin zanen don kada ruwa ya shiga. Jar ƙasa tana narkewa daga saman bangon tana gangarowa ta kafaɗarta. A bayanta ruwa yana dukan kwano, hayaƙin girkin Ni'imatu yana fita ta taga.