Tsakuwar Munawara

Raihanatu na ɗaure wa 'yarta igiyar takalmi a gindin dutsen da za su hau lokacin da ta ji mutumin da zai yi musu jagora yana tambayar yara sunayensu. Ta ɗago kai. Hudu aka ce sunansa, dattijo ne siriri, ya tsuguna a bakin hanya da wani tsohon burgami na fatar akuya buɗe a gabansa. Kowane yaro sai ya zaɓi tsakuwa a ƙasa, ya miƙa masa, ya faɗi sunansa. Hudu ya juya tsakuwar a tafin hannu, ya maimaita sunan a hankali, sannan ya jefa ta cikin burgamin.

Yara ashirin da shida ne, 'yan aji uku na wata firamare a Bawku, da malamarsu Madam Lamisi. A cikin iyaye Raihanatu kaɗai ta biyo su. Cikinta wata shida, kuma mijinta Fatawu ya ce hawan dutse ba na mai ciki ba ne, amma ta ce masa ko dai ta je ko Munawara ta zauna gida. Yarinyar shekararta takwas, ita ce ta fari, kuma ba ta taɓa yini a inda uwarta ba ta iya leƙawa ba.

Hudu ya yi wa Madam Lamisi wani dogon bayani da Kusasanci, yaren mutanen yankin, yana nuna burgamin. Madam tana gyaɗa kai, idonta na kan waya tana neman sabis. Raihanatu 'yar Salaga ce, aure ya kawo ta Bawku, kuma a shekara tara abin da ta tsinta na yaren bai wuce gaisuwa da cinikin albasa ba. Ta matsa ta tambayi Madam me ake yi da duwatsun. Madam ta ce al'adarsu ce ta masu hawa, kada ta damu, ta ci gaba da ɗaga waya sama.

Kafin Raihanatu ta juyo, Munawara ta riga ta zaɓo tata: fara sol, da jan layi a tsakiya. Hudu ya yaba kyanta, ya ambaci sunan yarinyar har sau biyu, ya saka a burgami. Sannan ya dubi uwar.

"Amariya, saura ke."

"Ni ba na ba dutse sunana," in ji ta.

Ya yi dariya, ya ɗaure bakin burgamin, ya rataya a kafaɗa.

Suka kama hawa. Damina ta yi nisa, ciyawa ta kai ƙugu a gefen hanya, ruwa na tsattsafowa daga tsagar duwatsu yana jiƙa takalma. A ƙasa gonakin gero sun yi kore shar har inda Hudu ya ce Togo ce. Yana tafe yana nuna musu ganyen da ake sha don zazzaɓi, da wanda akuya ba ta ci, da ramin da aka taɓa narka ƙarfe. Yara na binsa kamar ya raba musu alewa. Raihanatu na baya tana haki, hannu ɗaya a ƙugu, idonta na kan burgamin da ke lilo. A lanƙwasar farko ta ga ya tsaya gaban wani ƙaton dutse, ya zuba masa ruwa kaɗan daga gorarsa, ya yi magana ƙasa-ƙasa. Sunan Musulmi, ta ce a ranta, amma dubi aiki. A gidansu a Salaga ko baƙon da ya kwana uku ba a faɗa masa sunan yanka na yaro. Ga wannan ya tattara ashirin da shida a jaka ɗaya, da izinin makaranta.

Wajen hantsi suka kai wani kogo mai faɗin baki, rufinsa baƙi da tsohon hayaƙi. Hudu ya zaunar da yara, ya juya zuwa Hausarsa ta kasuwa. Ya ce nan kakanninsa suke ɓuya in mahara sun zo kamun mutane; wanda aka kama, sai an kai shi kasuwar bayi ta Salaga ake kwance masa igiya. Wata yarinya ta ɗaga hannu ta ce ai maman Munawara 'yar Salaga ce. Kawuna duk suka juyo.

Hudu ya dube ta, ya dubi Munawara, ya yi murmushi. "To, yau Salaga ta hawo da ƙafarta. Ba mu ɓuya ba."

Madam Lamisi ta yi dariya, direban bas ɗin da ya kawo su, Sadick, wanda ya hawo musu da kular shinkafa da wake, shi ma ya yi. Raihanatu ba ta yi ba. Ta ga yadda idon dattijon ya daɗe a kan 'yarta.

Bayan an ci abinci Hudu ya kai yara wata maɓuɓɓuga a bayan kogon su wanke hannu. Ya rataye burgamin a reshen kaɗanya. Raihanatu ta jira har muryoyinsu suka yi nisa, Sadick kuma ya kishingiɗa ya rufe fuska da hula. Ta miƙe, ta yi bisimilla, ta kwance igiyar. Tsakuwoyin da sanyi. Ba ta sha wahala ba, farar na can kusa da sama. Ta ƙulle ta a gefen mayafinta, ta mayar da ɗaurin yadda ta same shi, ta koma ta zauna. Tun safe sai yanzu numfashinta ya sauka daidai.

Daga kogon hanya ta miƙe tsaye, sai an kama dutse da hannu. Hudu ya dubi cikinta ya ce iyakarta nan ke nan. Tsarin shi ne yara su hau ƙololuwa su gangara ta ɗaya gefen, zuwa ƙauyensu Hudu inda za a nuna musu saƙar kwando da rawa. Sadick zai zagaya da ita a bas su same su a can. Raihanatu ta ce to Munawara ma ta biyo ta. Yarinyar ta fashe da kuka, ta ce kowa zai ga saman dutse ban da ita, gobe a aji za a yi mata dariya. Madam Lamisi ta ce haba maman Munawara, ita da kanta za ta riƙe mata hannu. Raihanatu ta taɓa ƙullin da ke gefen mayafinta. Abin da take tsoro yana hannunta. Ta gyara wa yarinyar hijabi, ta ƙara mata gorar sobolo, wato zoɓo, ta ce ta tafi.

Saukowa da zagayowar sun ci musu fiye da awa uku, don hanyar mota ta yi laka, sau biyu Sadick yana fita yana duba taya. Da suka iso ƙauyen an riga an fara kiɗa a ƙarƙashin wata ɗorawa. Yara sun kewaye wasu tsofaffin mata masu saƙa, wasu na ƙoƙarin rawa. Raihanatu ta bi fuskoki ɗaya ɗaya. Ta sake bi daga ɗaya ƙarshen.

Ta sami Madam Lamisi tana ɗaukar hoto. Madam ta ce Munawara na nan, ai duk sun cika, wataƙila ta zagaya bayan gida. Raihanatu ta tambaye ta ko ta ƙirga su. Madam ta ce babu buƙata, Hudu ya riga ya yi, gabanta aka yi. Raihanatu ta tambaye ta yaushe ta saki hannun yarinyar. Madam ta ce a sama, lokacin da wani yaro ya yi amai.

Raihanatu ta nufi Hudu kai tsaye. Yana zaune a kan turmi yana shan ruwa.

"Ina 'yata?"

Ya ajiye ƙwaryar. Ya ce tana cikin gari. Ya ɗauko burgamin, ya juye shi, ya kaɗa. Ba abin da ya faɗo. Ya yi mata bayani a natse, kamar yadda yake yi wa yara. Shi bai yi makaranta ba, yara kuma ba sa tsayawa a ƙirga su. Shi ya sa ake yi kamar yadda ubansa yake yi da mafarauta: kowa ya ba da tsakuwa a gindin dutse, in an sauko a zube su a ƙasa, kowa ya ɗauki tasa. In ɗaya ta rage, akwai mutum a kan dutse, kuma an san ko wane ne. Yau ya zube su a bakin ƙauye, an kwashe tas. Shekara ashirin da biyu yana wannan aiki, burgamin bai taɓa yi masa ƙarya ba.

Ya kira wasu mata biyu ya ce su duba gidajen masu saƙa, da bayan rumbuna, da wajen rijiya. Ya ce wa Madam ta tambayi ƙawayen yarinyar. Shi kuwa ya koma kan turminsa.

Raihanatu na tsaye. Kiɗan bai tsaya ba. A bayan dutsen, ta gabas, hadari ya fara haɗuwa, iska na kaɗa ganyen ɗorawa. Ta ga matan sun shiga gida na farko suna kiran suna, sun fito, sun shiga na biyu ba gaggawa. Gidajen sun kai talatin. Mutum ɗaya ne a wurin ya san hanyoyin dutsen nan, kuma ba zai taka shi ba muddin ya yarda da burgaminsa. Wata zuciyar ta ce mata to in duk wannan shiri ne fa, in so yake tsakuwar ta dawo hannunsa? Ta dubi sama. Ɗigon farko ya sauka a goshinta.

Yatsunta sun ƙi kwance ƙullin, sai da ta sa haƙori. Ta miƙa masa tafin hannunta a buɗe.

"Baba, ni na cire. A kogo."

Hudu ya dubi farar tsakuwar. Madam Lamisi ta dafe baki. Bai karɓa ba, bai kuma tambaye ta dalili ba. Ya tuɓe takalmansa na taya, ya yi wa masu kiɗa magana ɗaya suka tsaya, ya kira wani magidanci da suna. Har ya fara tafiya ya juyo.

"Ke ma ba ki da tsakuwa, Amariya. Zauna inda ake ganinki."

Ba ta zauna ba. Ta bi su har inda gonar ƙarshe ta ƙare hanya ta fara hawa, nan ta tsaya. Ruwan ya sauko da ƙarfi. Wata tsohuwa ta biyo ta da faifai ta riƙe mata a ka, tana yi mata magana da yaren da ba ta ji. Raihanatu ta karanta duk addu'ar da ta sani, ta koma farko. Daga sama takan ji muryar Hudu tana kiran sunan 'yarta, iska ta kawo, iska ta ɗauke. Can ta daina ji. Ta ciro waya za ta kira Fatawu, ta fasa, ta mayar.

Ruwan ya fara tsagaitawa lokacin da suka ɓullo daga cikin ciyawa. Munawara na goye a bayan Hudu, ta rungume wuyansa, takalmi ɗaya a hannunta. Magidancin da ya raka shi ya ba da labari: ta tsaya gyara takalmi a inda hanya ta rabu biyu, ta ɗago ba kowa, ta bi ta hagu. Ta zame ta yanke a ƙafa. Daga nan ta shiga ƙarƙashin wani dutse ta zauna, don uwarta ta taɓa ce mata wanda ya ɓata ba ya yawo.

Hudu ya sauke ta a hankali. Rigarsa ta yage daga ƙasa, yana haki har haƙarƙarinsa na fitowa. Raihanatu ta durƙusa da ƙyar ta ce masa Allah ya saka da alheri. Ya ce amin, ya ce a ba yarinyar abu mai zafi, ya tafi neman takalmansa.

A cikin bas, yara sun yi tsit, galibinsu sun yi barci. Madam Lamisi na gaba, ba ta juyo ba tun da aka tashi. Raihanatu ta ɗora Munawara a gefenta a kujerar baya, ta cire mata jiƙaƙƙen hijabin. Ta bi kitson da yatsa layi layi, ba inda aka yanke gashi. Ta duba farce goma na hannu, ta duba wuya, ta shafa gefen rigar makaranta ko an yagi wani wuri. Sannan ta ɗago ƙafar. An ɗaure idon sawun da ƙyallen rigar Hudu, a ƙarƙashinsa wani ganye da aka tauna, kore, mai warin ɗaci. Jinin ya tsaya.

"Da zai sa miki wannan, me ya ce?"

"Ya ce in kalli wancan gefen, Mma," in ji Munawara cikin magagi. "Ya ce zai yi zafi kaɗan."

"Shi ke nan? Bai karanta komai ba?"

Yarinyar ta riga ta koma barci.

Raihanatu ta sa yatsa a ƙarƙashin ɗaurin. Ja ɗaya zai kwance, taga kuma a buɗe take. Bas ɗin ya faɗa rami ya fito, ƙafar ta motsa a cinyarta, da ɗumi, ba kumburi. Ta daɗe a haka. Sannan ta zare yatsan, ta ja mayafinta ta rufe ƙafar. Zuwa Bawku kawai, ta ce a ranta.