Kehinde Yana Tafe

Maƙwabcin Iya Abeke ya ja katanga ya toshe lungun da take bi zuwa rijiyar gidan mahaifinta a garin Iseyin na ƙasar Yarbawa, shi ne ta kai shi kotu. Ƙarar ba ta da wuya, lauyanta ne matsalar. Barista Kehinde mutum ne mai ilimi da ladabi, amma sau biyu ana kiran ƙarar yana hanyar Ibadan. Alƙali ya riga ya ja kunne: in aka sake kira babu lauya, zai kori ƙarar, katanga kuwa ta zauna daram.

Ranar zaman, Iya Abeke ta iso da sassafe, idonta na kan ƙofa. Can sai ga mutum ya shigo harabar da baƙar rigar lauyoyi a hannu. Magatakardan kotu, wani dattijo mai saurin baki, ya cafke shi.

"Barista! Yau kai ne da sammako? Shiga, shiga, kafin ka ɓace mana."

Ba Barista ba ne. Taiwo ne, abokin tagwaicinsa, masaƙi, wanda aka aiko ya kawo rigar daga gida. Ya buɗe baki zai yi bayani, amma ba a katse babba yana magana, dattijon kuwa bai yi shiru ba har sai da ya zaunar da shi a bencin lauyoyi.

Aka kira ƙara. Alƙali ya dube shi ta saman tabarau. "Barista, muna jin ka."

Taiwo ya miƙe, ya fito fili, ya kwanta rub-da-ciki ya kwashi gaisuwa, kamar yadda aka koya masa a gida. Dariya ta ɓarke a kotu.

"Tashi, ɗana," in ji alƙali. "Lauya ba ya gaishe ni haka. Kai wane ne?"

"Taiwo ne, Baba. Ƙanensa."

Lauyan maƙwabcin ya zabura. "Ya mai shari'a, ka gani da idonka! Masaƙi suka turo mana. A kori ƙarar nan mu je mu yi abin da ke gabanmu."

Iya Abeke ta dafe kai. Rijiyar ta tafi ke nan.

"Baba, a yi haƙuri," in ji Taiwo. "Ka san halin Kehinde, kowane Kehinde: a tagwaye shi ake haifa daga baya, amma shi ne babba. Tun a ciki ni ya turo gaba in duba masa duniya, da ya ji lafiya sannan ya biyo. Yau ma haka ne. Yana tafe."

Alƙali ya ɓoye murmushi. "To, ran nan da ya turo ka, ya daɗe bai biyo ba?"

"Iyarmu ta ce sai da ungozoma ta ci amala ta wanke hannu."

"Madalla. Ni ma zan shiga in ci tawa. In na wanke hannu bai iso ba, na kori ƙara."

Yana tashi, Iya Abeke ta ɗaure zani ta fice da sauri irin wanda ba a san ta da shi ba. Ta riga masinjan kotu isa rumfar Iya Sikira, mai abincin da ke tsallaken titi, ƙawarta tun suna 'yan mata.

"Sikira, kwanon alƙali na zuwa. Ina gandar nan taki da ba ta nuna ba?"

"Wadda ta kusa cire wa mijina haƙori?"

"Ita fa. Zuba masa da yawa."

Alƙali mutum ne da ba ya barin nama a kwano. Yana can yana fama da yanka na ƙarshe sai wani ɗan acaba ya sauke Barista Kehinde a bakin kotu, gumi sharkaf, yana tambayar ina rigarsa.

Da aka dawo zama, alƙali ya shafa muƙamuƙinsa, ya dubi tagwayen ɗaya bayan ɗaya, ya ce wanda ba ya saƙa ya fara magana.