Hannun Pulong

Ni dai ban taɓa ƙaunar Mang Apin ba, kuma ba zan fara yanzu don tsufa ya kama ni ba. Mutum ne mai baƙin baki. Ranar da na fara waƙa a wani otal a unguwar Ermita ta birnin Manila, ina yarinya ɗanya shakaf, sai da ya bari na gama sannan ya ce, "Puring, muryar nan taki tallar kifi ta dace da ita." Amma in ana maganar gangar jaz, duk Manila ba shi da na biyu. Ya kaɗa wa sojan Amurka a garin Olongapo, ya yi Hong Kong, ya yi jiragen ruwa, ya dawo da fayafayan tagulla biyu da ake bugawa tare da ganga, da girman kan da ya fi shi nauyi.

Wanda ya fi ni ƙin jininsa shi ne Pulong mai bas, jibgegiyar garayar nan da ake tsayawa a rungume. Gabarsu ta girmi 'ya'yana. Apin ya ce Pulong jan ƙafa yake a kiɗa kamar ɓauna a gonar shinkafa, Pulong ya ce Apin gudu yake kamar ɓarawon kaza. Ba sa gaisawa, ba sa cin taliyar pansit a tebur ɗaya. Amma da sun hau dandamali sai ka rantse ciki ɗaya suka fito.

Sai kunnen Apin ya fara mutuwa. Ba abin mamaki ba ne ga wanda ya ƙare rayuwarsa tagulla na ƙara a gefen kansa. Duk mun gane, ba wanda ya furta. Wata rana kawai muka tarar ya karkata gangunansa, yana fuskantar hannun daman Pulong. Daga yatsun nan yake karanta komai: saurin kiɗan, inda aka kai a waƙa, da inda za a tsaya. Pulong ya sani sarai, kuma abin daɗi yake masa.

"Kin ga sarkin ganga ya koma makaho, ni ne ɗan jagora," in ji shi, yana dariyar ƙeta.

Na ce, "Ka rufa masa asiri dai. In aka kore shi ina za shi? Ba mata, ba ɗa, sai ɗakin haya a unguwar Sampaloc."

"Ke da kike zaginsa kullum?"

"Zagi daban, cin amana daban."

Ana nan aka kawo sabon manaja, Mista Sioson, saurayi mai ƙamshin turare da bai san jaz daga kukan jaki ba. Ya ce ya ji labarin makaɗan otal sun tsufa, yana so ya saurare mu da kunnensa kafin ya yanke wanda zai zauna. Aka tara mu bayan cin abincin rana. Zauren fayau, sai ma'aikata na ninke tsummokin tebur.

Muna shirin farawa Apin ya matso kusa da ni. A zatonsa raɗa yake yi, amma kurma bai san ƙarfin muryarsa ba.

"Ki ce wa ɓaunan can ya farka yau, kar ya kunyata mu gaban yaro!"

Zauren ya amsa. Ma'aikata suka tuntsire da dariya, manajan ma ya murmusa duk da an kira shi yaro. Na dubi Pulong, na ga kunnuwansa sun yi jajir.

"Ɓauna ko? To, madalla."

Ya ɗaga bas ɗinsa, ya juya shi ya fuskanci bango, ya ba Apin baya.

"Pulong, ka ji tsoron Allah, ka juyo," na ce a hankali.

"Yi waƙarki, Puring. Ɓauna bango yake son kallo yau."

Mai fiyano ya riga ya ba da alama, ba damar tsayawa. Na ga Apin yana leƙe, ya miƙa wuya dama, ya miƙa hagu, ba abin da yake gani sai bayan farar rigar Pulong. Gumi ya keto masa. Na kusa manta baitin farko. Sai kawai tsohon ya rufe ido ya saki hannu.

Wallahi ban taɓa jin irin kiɗan nan ba. Tunda ba wanda zai bi, sai ya tilasta mu muka bi shi. Sandarsa na yawo a kan tagulla kamar yayyafi a rufin kwano, bugun ƙafarsa a babbar ganga na riƙe da mu duka. Pulong da ya so kayar da shi, sai ga shi yana bin sa a guje yana haki. Ni kaina na yi waƙar da ban san ina da ita a maƙogwaro ba, kuma na ji haushin cewa shi ne ya fito da ita.

Muka kai ƙarshe, muka tsaya. Shi bai tsaya ba.

Ido a rufe, baki a ɗan buɗe, yana ta bugu shi kaɗai. Da farko manajan ya ɗauka gwaninta ce. Da abin ya yi tsawo ya ce, "Mang Apin, ya isa haka." Bugun bai tsaya ba. Ya ɗaga murya, "Mang Apin!"

"Yallaɓai, kar ka wahalar da maƙogwaronka," in ji Pulong. "Ko bindiga ka harba ba zai ji ba."

Ni na je na dafa kafaɗarsa. Ya buɗe ido, ya ga hannun mai fiyano a kan cinya, ya ga ma'aikata sun daina ninki suna kallonsa. Bai jira a sallame shi ba. Ya kwance fayafayansa ya zura a jaka. Da ya zo wucewa ta gaban Pulong sai ya tofar da yawu dab da takalminsa.

"Allah ya isa," ya ce, da ƙarfin da har masu kicin suka ji.

Na bi shi waje. Rana tana dukan titi, yana tsaye yana jiran jifni, motar hayar garin, ya rungume jakar a ƙirji. Ya dube ni a wulaƙance kamar yadda ya saba.

"Me kika biyo ni ki gani? Ba ki ƙoshi da dariya ba?"

Na girgiza kai. Ya kalli ƙasa, sannan ya kafa wa bakina ido.

"Puring, ya yi daɗi? Ni ban ji ba."

Na tsaya daidai gabansa, na buɗe baki sosai yadda zai karanta. Na ce tun da nake ban taɓa jin kiɗa irinsa ba.

Ya daɗe yana kallon leɓena. Sannan ya ja tsaki.

"Maƙaryaciya," ya ce, ya tsayar da mota ya shiga.